Daren da Muka Ga Idon Don

A gidanmu na Gezawa mun taso da wata tsohuwar gardama tsakaninmu da Baffa, wan mahaifinmu, a kan wani fim ɗin Indiya mai suna Don. Fim ɗin ya fito a 1978, tun iyayenmu mata ba su isa shiga firamare ba. Baffa ya kalle shi a sinimar Plaza da ke Fagge, lokacin yana saurayi yana koyon ɗinki a Kano, kuma tun daga ranar ya yanke hukunci cewa ba a taɓa yin fim ɗin 'yan sanda da ɓarayi kamarsa ba. Mu kuwa, samarin gidan mu huɗu, a waya muka kalle shi, muka ce wannan ai hayaniya ce kawai da guje-guje.

Abin da ya fi ba mu dariya a maganar Baffa shi ne batun ido. Amitabh Bachchan ne ya fito a matsayin mutum biyu a fim ɗin. Akwai Don, ƙasurgumin ɗan fasa-ƙwauri da 'yan sanda suka rasa yadda za su yi da shi, akwai kuma Vijay, wani talaka mai waƙa a titunan Bombay, wanda Allah ya yi su kama ɗaya sak. Baffa yakan ce ko an sa musu kaya iri ɗaya, an taje musu gashi iri ɗaya, shi da ya dubi idon zai gaya maka wane ne wane. Mu kuma mu ce, "Haba Baffa, mutum ɗaya ne fa, idon ma ɗaya ne." Sai ya girgiza kai ya ce, "Ku yaran nan ba ku kalli Don ba, inuwarsa kuka kalla." Mun ɗauki wannan a matsayin irin maganar manya, waɗanda komai na zamaninsu ya fi daɗi, har tuwo.

Bari mu gaya muku irin wanda muka kalla, don mun san da yawa daga cikinku shi kuke kalla har yanzu. Kun san shagon mai tura fim, wanda ake miƙa wa memori da ɗan kuɗi ya cika shi da fina-finai. A lokacin muna aji uku na ƙaramar sakandare, memorin namu ƙarami ne, mu kuma muna son fim goma a ciki. To, mai shagon ba shi da laifi, abin da muka nema ya ba mu: fim na kusan awa uku an matse shi har ya koma ɗan mitsitsi. Mu huɗu mu haɗa kai a kan waya ɗaya a zaure, ɗaya ya riƙe, hannunsa ya gaji ya miƙa wa na kusa. Fuskokin mutane kamar an shafa musu kunu. In akta ya juya da sauri sai ka ga ya farfashe ya zama ƙananan akwatuna, sannan ya sake haɗuwa. In dare ya yi a cikin fim ɗin kuwa, to sai dai a saurari ƙarar bindiga a yi hasashe.

Sai da muka shiga jami'a muka gane lissafin abin. Kowane hoto da kuke gani a waya ko talabijin ɗigo-ɗigo ne ƙanana aka jera, layi bisa layi, kamar shukar gero a gona. Faifan VCD, wanda ya yi tashe a gidajenmu kafin zuwan manyan wayoyi, yana da ɗigo 352 a kwance da 288 a tsaye. Ku ɗauki biro ku ninka, za ku sami 101,376. DVD yana da 720 da 576. Wanda ake kira cikakken HD kuwa yana da 1920 da 1080, wato ɗigo 2,073,600, ninki ashirin na VCD har da ɗoriya. Wanda muka kalla a zaure bai ma kai VCD ba. Idon mutum a wannan ɗan hoton bai wuce ɗigo biyu ko uku ba, baƙi-baƙi. Ta yaya za a ga tsoro ko mugunta a ɗigo uku?

Akwai kuma matsewar. Idan ana son a rage nauyin fim, kwamfuta tana zubar da abin da take ganin ido ba zai nema ba, kuma wuraren duhu ne suke fara shan wahala: inuwa da bango da baƙar riga duk su cakuɗe su zama abu ɗaya. Ga fim ɗin barkwanci da aka ɗauka da rana tsaka, asarar kaɗan ce. Amma fim ɗin masu laifi rabinsa a duhu yake, a lungu, a bayan mota, a ɗakin da aka rage fitila. Abin da kwamfutar ta zubar, a nan labarin yake.

Wannan matsala ta girme mu. Tun zamanin kaset haka abin yake a Kano. Ana kawo fim daga waje, a kwafa daga kaset zuwa kaset, kowane kwafi ya fi na baya dishi-dishi, kafin ya iso ƙauye ya zama jikan jikan na asali. Har wani masani, Brian Larkin, wanda ya zauna a Kano yana nazarin sinima da bidiyo, ya yi dogon bayani a kan wannan lalacewar hoto da sauti a littafinsa Signal and Noise na 2008. Ashe tun da aka daina zuwa sinima, yawancin mutanenmu ba su sake ganin waɗannan tsofaffin fina-finai yadda aka yi su ba.

A zangon karatu da ya wuce wani abokinmu a ɗakin kwana ya nuna mana Don a kwamfutarsa, garau, daga cikin manhajojin kallo da ake biya. Minti biyar muka kalla muka ce ya tsayar. Mun ji kunya, kuma mun san wanda ya kamata a kalla da shi. Akwai dalilin gaggawa: yana ta fara rufe wa Baffa idon hagu, likita a Kano ya ce sai an yi aiki bayan kaka, shi kuma Baffa tsoron aikin yake yi, kullum da sabon uzuri. Ya daina zura zare a allura da kansa, sai ya kira yaro. Mutumin da ya yi shekara arba'in a kan keken ɗinki, wannan ba ƙaramin abu ba ne a wurinsa, ko da yake ba ya faɗa.

Da aka yi hutu muka dawo gida da aron kwamfutar. An gama yankan gero, ana ɗaurin dawa, sanyi ya fara shigowa. Yayanmu yana da talabijin mai faɗi da ɗan batirin sola a ɗakinsa, muka roƙe shi, muka fito da ita tsakar gida bayan sallar isha'i, muka haɗa da waya ɗaya daga kwamfutar. Aka shimfiɗa tabarmi. Baffa ya sa aka matso masa da kujera gaba, ya karkata kai don idon dama ya yi aiki.

Ga waɗanda ba su san labarin ba, ko kuma wanda Shah Rukh Khan ya sake yi a 2006 kaɗai suka sani, ga shi a taƙaice. 'Yan sanda sun bi Don, ya ji rauni, ya mutu a cikin motar wani babban jami'i mai suna D'Silva, ba wanda ya sani sai shi. D'Silva ya binne gawar a ɓoye, ya nemo Vijay ya koya masa tafiya da magana irin ta Don, ya tura shi cikin gungun don ya tono asirinsu. Vijay ya yarda ne saboda yara biyu marasa galihu da yake riƙo, an yi masa alkawarin sa su a makaranta. Sai D'Silva ya mutu. Jami'i ɗaya tak da ya san Vijay ba Don ba ne ya tafi. 'Yan sanda na neman sa a matsayin Don, 'yan gungun sun gane ba shi ba ne suna neman kashe shi, kuma hujjarsa ɗaya ita ce wani jan littafi da Don yake rubuta sunayen abokan harkarsa a ciki.

To, kun ga duk fim ɗin a kan abu ɗaya ya tsaya: wa ya san me, kuma wa yake ƙarya. Irin wannan labari ba a faɗar rabinsa da baki, a fuska ake barin sa.

Farkon abin da muka gani shi ne kwalli. Da Vijay ya fara bayyana yana waƙa a titi, idonsa ranɓas da kwalli, bakinsa ja da ganyen da Indiyawa ke taunawa, wanda ke rina baki kamar goro. A waya ba mu taɓa ganin ko ɗaya ba. Ƙaraminmu ya ce, "To Baffa, ai wannan da sauƙi, kwalli ne." Baffa ya ce, "Bari a wanke kwallin tukuna." Aka wanke, aka sa wa Vijay kwat irin ta Don, aka kai shi cikin gungun yana yi kamar ya manta komai saboda rauni. A nan ne muka yi tsit. Don na gaske in ya dubi mutum idonsa ba ya motsi, kamar yana duban kujera. Vijay kuwa, ko da ya murtuke fuska ya yi muryar Don, idonsa yana ɗan zagayawa, ya dubi ƙofa, ya dubi hannun wanda ke gabansa, kamar ɗalibin da ya shiga jarrabawa da takarda a aljihu. Abu ne na daƙiƙa ɗaya. Baffa yana nuna allo da yatsa yana cewa, "Ga shi nan. Kun gani? Ga shi nan kuma." Mun gani. Amitabh ya ci kyautar Filmfare ta gwarzon jarumi da wannan fim, kuma sai a daren muka san abin da aka ba shi kyautar a kai.

Akwai wurin da Kamini, wadda Don ya kashe mata saurayi, ta zo ɗakinsa tana ɗauke masa hankali da rawa har 'yan sanda su iso, ta kuma zare harsasan bindigarsa. Shekara da shekaru muna ɗauka waƙa ce kawai irin ta Indiya da aka cusa don a tsawaita fim. Ashe tarko ne, kuma duk wanda ya lura da abin da take yi zai zauna a ɗarare. Sai dai fa a nan ne muka gano wata illar hoto garau da ba mu yi tunani ba. Rawar da take dishi-dishi a waya, a babbar talabijin a tsakar gida gaban iyaye wani abu ne daban. Inna ta yi gyaran murya sau ɗaya, mai riƙe da kwamfuta ya tura gaba da sauri har ya wuce wurin, sai da aka dawo baya. Baffa ya ba da labarin abin da aka tsallake da baki, a taƙaice ƙwarai.

Jan littafin ma sai a daren ya zama littafi. Ja shi ne launin da ya fi saurin zubewa a tsohon kaset da matsattsen bidiyo, sai ya yi ta malala ya wuce iyakarsa. A faɗan ƙarshe da aka yi a maƙabarta, inda ake ta jefa littafin daga hannu zuwa hannu, da can jan tabo kawai muke gani yana yawo. Yanzu muna iya bin sa da ido, mu san a hannun wa yake, har yaran gidan suna ihu suna gaya wa Vijay ta inda zai bi.

Sannan akwai wani mutum da yake zaune cikin masu bincike tun farkon fim, ana girmama shi, wanda bai kamata a yarda da shi ba. Ba za mu faɗi sunansa ba don kada mu ɓata muku. A waya, da aka tona shi a ƙarshe, mun ce marubutan sun rasa yadda za su ƙare ne suka ɗauko wani suka liƙa masa. Salim Khan da Javed Akhtar ne suka rubuta fim ɗin, su ne kuma suka rubuta Sholay da Deewaar, ba mutanen da za a yi wa wannan zargi ba ne, amma mun yi. A kallo na garau, da yake mun riga mun san sirrin, sai muka zuba masa ido tun daga fitowarsa ta farko, muna lura da irin tambayoyin da yake yi da abin da ya fi damuwa a nemo. Wannan wani daɗi ne na daban, kallon maƙaryaci yana aikinsa alhali kai ka san shi.

Wani abu da zai amfane ku a makaranta: rubutun fassarar Turanci da ke ƙasan allo ya karantu. Da can kamar sawun kaza yake. Baffa ba ya buƙatarsa, shekarun sinima sun koya masa Indiyanci daidai gwargwado, har yana gyara wa mai fassarar. Mu kuwa mun dogara ne da wani ɗan uwanmu da yake ba da sharhi tun daga farko har ƙarshe, rabi gaskiya rabi ƙirƙira. A daren nan kasuwarsa ta mutu. Ƙanwarmu 'yar aji biyar ta kama shi sau uku yana faɗin abin da ba shi aka rubuta ba, daga nan ya ja bakinsa.

Kada ku ɗauka komai kyau ya ƙara. Hoto garau ba ya rufa wa kowa asiri. Jinin fenti ne, kowa ya gani. A wasu tsalle-tsallen faɗa ana gane ba Amitabh ba ne, wani ne aka sa wa irin kayansa. Pran, wanda ya fito a matsayin Jasjit mai tafiya a kan igiya, gashin kansa ya sa yaran dariya. Mun yi zaton Baffa zai ji haushi, sai ya ce su ma a Plaza sun ga duk wannan, kuma ba wanda ya nemi a mayar masa da kuɗinsa. Mu dai ra'ayinmu, gara a ga fentin a ga idon, da a rasa duka biyun.

Me ya sa fim ɗin 1978 zai iya fitowa tar haka, alhali bidiyon bikin iyayenmu na bayansa da shekara ashirin ba ya fitowa? Amsar tana cikin abin da aka ɗauka da shi. Don an ɗauke shi ne a kan zaren fim na sinima, wanda yake riƙe hoto da ƙananan ƙwayoyin sinadari masu yawan gaske, fiye da abin da kaset ko VCD za su iya nunawa. Bayanin yana nan kwance a kan zaren, kaset ne ya kasa ɗaukowa. Masu gyara sukan nemo zaren asali su wanke shi, su ɗauki hoton kowane gida da na'ura, su goge ƙura da zage-zage, su daidaita launi. Gida 24 ne a kowace daƙiƙa, wato 86,400 a awa ɗaya, ku lissafa na awa uku ku ga irin aikin. A Indiya akwai wata cibiya, Film Heritage Foundation, da Shivendra Singh Dungarpur ya kafa a 2014 don wannan aiki. A Oktoban 2022, da Amitabh ya cika shekara 80, ta shirya aka sake nuna tsofaffin fina-finansa goma sha ɗaya a sinimomi, har da Don, matasa suka cika wuraren.

Mu ma muna da namu misalin. Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana zaton ya ɓata. A 2016 aka gano zarensa a wata tsohuwar ma'ajiya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Ya tsira ne saboda a kan zare aka ɗauke shi. Fina-finan Hausa na bidiyo kuwa, tun daga Turmin Danya da ƙungiyar Tumbin Giwa ta yi a Kano a 1990, a kan kaset aka ɗauki na farko-farkonsu. Abin da kaset bai kama ba, babu inda za a je a samo shi. Iyakar abin da za a iya shi ne a kwafe wanda ke akwai zuwa kwamfuta kafin zafi da ƙura su cinye shi. In akwai akwatin tsofaffin kaset a ɗakin kakarku, kada ku bari a ba yara su ja zaren su yi wasa.

Ku kuma yi hattara da HD na ƙarya. Ana ɗaukar tsohon VCD a buɗa shi ya cika allo, a rubuta masa HD a suna, nauyinsa ya ƙaru, data ta tafi, hoton kuma yana nan jiya i yau. Wasu kuma suna sa ƙirƙirarriyar basira ta cike gurbin, ita kuma sai ta yi hasashen fuska, ta goge ta sumul kamar 'yar tsana. Mun ga wani irin wannan, idon Don da na Vijay duk sun koma iri ɗaya, ka ga an dawo gidan jiya. Hanyar ganewa mai sauƙi ce: ku tsayar da fim a wurin da aka matso da fuska, ku duba ko ana ganin gashin gira ɗai-ɗai da saƙar riga. Kuma in a ƙaramar waya za ku kalla, 720 ya isa, kada ku ƙona kuɗin makaranta a kan abin da allon ba zai nuna ba.

Batirin ya yi ƙara sau biyu kafin a gama, muka kashe ƙwan tsakar gida don ya kai mu. Ya kai. Da rubutun ƙarshe ya fito Baffa bai ce ya ci gardama ba, ko da yake mun shirya jin haka. Ya zauna yana murza idon hagun da bayan hannu, sannan ya tambayi ko fim ɗin zai ci gaba da zama a cikin kwamfutar ko gogewa yake yi. Muka ce kwamfutar aro ce, amma za mu san yadda za a yi. Ya ce, "To ku san yadda za ku yi. In an gama ɗaurin dawa ku raka ni wurin likitan nan. Akwai wani wuri a maƙabartar da ban gani sosai ba, ina so in sake dubawa da ido biyu."

Washegari muka kira abokin namu muka roƙi ƙarin mako uku. Ya ce sai dai mu kawo masa gyaɗa kwano biyu in za mu dawo.